Keken Lola Insiang a Gindin Gangara

Nang Koring mai shago ce ta fara ganinta. Ta fito zubar da ruwan wanke-wanke wajen ƙarfe ɗaya da rabi na ranar Laraba, lokacin da zafin rana ya kora kowa ɗaki, sai ta hangi keken guragu kife a gindin gangara, tsohuwa Lola Insiang kuma kwance a gefensa kan siminti, ko motsi ba ta yi. Ihun da Koring ta kurma har zakarun faɗan unguwar sai da suka amsa mata.

Kafin motar asibiti ta iso, mutanen unguwar Lubihan sun riga sun gama shari'a. Gidan tsohuwar yana can saman gangara, keke ya zo ƙasa, to wa ke tura keken? Johaira. Baƙuwa ce, Musulma 'yar birnin Marawi da yaƙi ya koro zuwa tsibirin Cebu, shekara biyu ke nan tana jinyar Lola tun da ɓarin jikinta ya shanye, bakinta ya ɗauke. A shekara biyun nan ba wanda ya taɓa kama ta da laifin ko cokali, amma ranar nan kowa sai ya tuna cewa dama shi idonta bai kwanta masa ba. La'asar ba ta yi ba 'yan sanda suka tafi da ita, ruwan sabulu bai ma gama bushewa a hannunta ba. Aka ce Litinin za a miƙa ta gaban mai gabatar da ƙara da laifin yunƙurin kisa, da zarar takardar asibiti ta fito.

* * *

Takardar nan kuwa ba ta fita sai ta bi ta teburin Perpetua Sabellano, wadda kowa ke kira Petang. Shekararta hamsin da biyu, 'yar Lubihan ce haihuwa da girma, aikinta kuma sa lamba a fayil. Kowace cuta da lambarta, kowane rauni da tasa, har yadda aka yi raunin ya samu shi ma da tasa lambar. Shekara goma sha huɗu ta yi a birnin Cebu tana yi wa fayilolin asibitocin Amurka wannan aiki kafin ta dawo gida, a can ta koyi cewa wanda ya faɗo daga takalmi mai taya daban, wanda ya faɗo daga allo mai taya daban, jaririn da ya suɓuce daga kekensa daban. Keken guragu ma gida biyu aka raba shi: ko yana tafiya mutum ya faɗo, ko yana tsaye. Asibitin gundumarsu bai damu da wannan ƙaƙale ba, amma Petang ta kasa yar da halin. Abokan aikinta suna cewa ko tuntuɓe ka yi a gabanta, kafin ta ce sannu sai ta tambaye ka da wace ƙafa.

Ranar Juma'a da safe ta karanta fayil ɗin Lola Insiang sau uku, ta ɗauka ta haura sama wajen Likita Alcoseba.

"Likita, ina ƙujewa?"

"Ina kwana dai tukuna, Petang."

"Ina kwana. Ka rubuta karaya a ƙugun dama, da fashewa a ƙeya. Shi ke nan. Mutum ya gangaro daga saman Lubihan har ƙasa a keke, ya kife kan siminti, ba ƙujewa a tafin hannu, ba a gwiwa, ba a fuska, ba tsakuwa ko ɗaya a cikin ciwon?"

"Abin da na gani na rubuta."

"Na sani. Amma nan ka ce keke ya gangaro, mai jinya ta tura. Wannan ma gani ka yi?"

Likitan ya zare tabarau ya murza ido. "Ɗanta ne ya faɗa, mutanen da suka rako shi suka ce haka ne. Ni ɗinki nake yi, ba ɗan sanda ba ne."

"Na sa lamba a irin wannan faɗuwar ta fi dubu, Likita. Wanda keke ya yi gudu da shi gaba yake faɗuwa, fata tana tafiya. Wannan baya ta faɗi, wuri ɗaya, kamar buhu. Idan na sa lambar turowa da gangan, yarinyar nan ta tafi kurkuku ke nan."

"Idan kuma ba ki sa ba, unguwarku za ta cinye ki ɗanya." Ya mayar da tabarau. "Litinin da safe zan sa hannu. Ki kawo min abin da ya fi maganar ɗanta, in canza. In ba ki kawo ba, haka za ta tafi."

* * *

Da yamma ta tsaya a shagon Nang Koring, ta sayi soyayyiyar ayaba don kada a ce tambaya ce ta kawo ta. Ba ta ma buƙaci yin tambayar ba.

"Ni na gan ta da idona, Petang! Da safen nan ma sai da na ji tana daka wa tsohuwa tsawa. Ki ci! Ki buɗe baki! Har nan ƙasa ake jin ta."

"Nang, ai Lola kurma ce. Ke ma ihu kike mata."

"Nawa ihun daban ne, ni tare muka tashi da 'ya'yanta."

"To da ta turo keken kina ina?"

"Ina nan cikin shago mana."

"Kin ga lokacin da ta sake shi?"

Koring ta gyara kwalaben da ba su karkace ba. "Ganin turowar kam ban gani ba. Amma ai ga keke a ƙasa."

"Kin ji ƙararsa? Keke da mutum a ciki ya taho daga sama ya kife a ƙofar shagonki, ai ko barci kike sai kin farka."

"Akwatin talabijin na kunne." Sai ta harzuƙa. "Ke dai takarda ta cinye miki kai. Kin je birni kin dawo, yanzu baƙuwa ta fi mu gaskiya a wurinki ko?"

Petang ta ci ayabarta ta tafi. Tana jin idanun matan da ke zaune kan bencin shagon a bayanta har ta sha kwana.

* * *

A ofishin 'yan sanda, Sajan, wanda ya san marigayi mijin Petang, ya bar ta minti goma da Johaira. Yarinyar tana zaune a kan benci bayan ƙarfuna, mayafinta ya yi datti, idanunta sun faɗa. Ba za ta wuce shekara talatin ba.

"Sunana Perpetua, a asibiti nake aiki."

"Na san ki, Nang."

"Ranar Laraba ina kika bar Lola?"

"A baranda. Ta ci abinci, ta yi barci a keken. Na danne birki duka biyun, na je baya wanki, na yi sallah."

"Minti nawa?"

"Zai kai awa."

"Ba ki ga kowa ba? Ba ki ji komai ba?"

Johaira ta ɗago ta dube ta, kallo mai tsawo da ba gaba a ciki, ba kuma yarda. "Abin da zan faɗa na faɗa wa Sajan."

"Ni ki faɗa min. Taimakonki nake son yi."

"Na gode, Nang."

Petang ta fito ranta a ɓace. Ta bar aikinta, ta jawo wa kanta baƙin jini a unguwa, ga wadda take wa wahalar tana mata rowar magana. A hanya har zuciyarta ta fara raya mata ko Koring ce ke da gaskiya.

* * *

Kapitana Minda, shugabar unguwa, ita ta kawo sunan Tikboy ɗan acaba ranar Asabar da safe. Ba son Johaira take ba, tsoro take kada Musulmin kasuwa su tayar da magana.

"Yaron banza ne, Petang, duk da furfurarsa. Gudu yake a gangaran nan kamar an biyo shi. Jiya na ga sabon karce a babur ɗinsa. In shi ya bangaje keken fa?"

Maganar ta shiga kan Petang, don wanda aka bangaje ta gaba yana iya faɗuwa ta baya. Ta sami Tikboy a ƙarƙashin bishiyar mangwaro yana wanke babur, ta nuna karcen.

"Wannan? Nang, alade ne!"

"Wane irin alade?"

"Gasasshe, guda sukutum, a jikin gora. Bikin suna aka yi a ƙauyen kan dutse ranar Laraba, ni na kai shi. Gorar ce ta kankare min fenti, har yanzu ban huce ba." Ya zaro waya ya nuna mata hoto: ga shi tsaye yana washe baki, ga alade, ga limamin coci, ga agogon wayar ya nuna ɗaya saura kwata. Ƙauyen tafiyar awa guda ce. "Wa ya ce ni ne? Kapitana ko? Tun da na ƙi zaɓenta take nemana da sharri. Ki gaya mata ko ita na gani a hanya sai na kauce, balle Lola."

* * *

Daga nan ta haura gidan tsohuwar. Pronyo, ɗan Lola na biyu, mutum ne mai shekara arba'in da tara wanda bai taɓa aure ba, bai kuma taɓa barin gidan uwarsa ba. Zakaru yake kiwo. Ta same shi zaune a falo kan farin tayil ɗin da yayarsa Consing, nas a Norway, ta sa aka shimfiɗa wa gidan gaba ɗaya har baranda. Idanunsa sun kumbura.

"Sau uku Manang Consing take kira a rana," ya ce. "Ta ce ita ta ɗauko yarinyar nan, ita za ta ga bayanta."

"Kai kana ina da abin ya faru?"

"Ina baya ina wa zakara wanka."

"Ai Johaira ma a baya take wanki. Ba ku ga juna ba?"

"Can baya sosai, wajen ayaba." Ya share hanci. "Ni fa ban ce ta tura ba, Petang. Cewa na yi ko birki ta manta. Mutane ne suka ce."

"A asibiti ka ce ta tura."

"Kaina ba daidai yake ba ranar."

Ta ce ya nuna mata keken. Yana jingine a lungu. Ta danne birki ta tura, bai motsa ba. Ta duba tayoyi, ba wanda ya lanƙwashe. Matakin ƙafa lafiya lau. Karce ɗaya ne tak a madafin hannu, inda ya kwanta kan siminti. Keken da ya yi gudun gangaran Lubihan ya kife da mutum ba haka yake fitowa ba. Ta dubi Pronyo, ya dubi ƙasa. Ta san shi tun suna yara, matsoraci ne na ƙarshe, amma uwarsa ita ce duniyarsa, shi yake yanke mata farce. Ta kasa hango hannunsa yana cutar da ita, ta kuma kasa yarda da maganar zakara.

* * *

Dabara ta ƙare mata, sai ta koma asibiti ta sake buɗe fayil, wannan karon ta bi rubutun nas-nas da likitoci ba sa karantawa. Jovelyn, nas ɗin da ta karɓi Lola, ta rubuta: riga ta ɓaci da jini a baya, an cire an ajiye.

Petang ta same ta tana cin shinkafa da busasshen kifi a bayan ɗakin magani.

"Rigar tana nan?"

"Nang, abinci fa nake ci."

"Ciwon ƙeya ɗinki huɗu ne kawai, kin rubuta jini har bayan riga. Ina so in gani."

Jovelyn ta kawo leda tana ƙunƙuni. Doguwar rigar zaman gida ce mai furanni. A wuya akwai jini, kwana uku ya mayar da shi baƙi-baƙi, ya ƙandare. Amma daga kafaɗa zuwa ƙugu wani jan ne daban, yana nan jajir kamar yau aka shafa. Petang ta goga yatsa, ya yi santsi. Ta kai hanci.

"Mene ne?" in ji Jovelyn.

Kaki ne, jan kakin goge daɓe, kuma ba na kanti ba: guntayen kyandir ne na coci da aka narka da kananzir aka zuba jan launi. A ƙasan rigar, wajen cinyar da ta shanye, ga maiƙon man kwakwa mai ƙamshin ɗanyar citta. Gidan Lola tayil ne, gangara siminti ne. A duk Lubihan gida ɗaya ne ya rage da ake haɗa kakin nan da hannu, a gidan ne kuma ake dafa man nan. Petang ta san daɓen gidan fiye da fuskarta, shekara goma sha ɗaya ta yi tana goge shi da ɓawon kwakwa duk Asabar. Gidan Tiyo Busyo ne, mai ɗori da tausa, yayan mahaifiyarta, wanda ya riƙe ta tun tana shekara bakwai da uwarta ta rasu. Gidan kuma yana gindin gangara, bayan shagon Koring.

Ta zauna kan bokitin da ke kife a wurin. A ranta ta yi fatan da ba ta buɗe ledar ba, ta kuma ji kunyar wannan fatan.

* * *

Rana ba ta faɗi ba ta isa gidan. Tsohon yana tsaye da ƙafa ɗaya kan ɓawon kwakwa yana goge daɓe, shekara saba'in da takwas amma bayansa a miƙe. Ɗakin yana sheƙi, yana warin kananzir da citta.

"Day, 'yata, kin rame," ya ce. "Aikin nan naku na zama ba ya ƙara wa mutum jini. Akwai ɗanwaken shinkafa a tukunya."

"Na ƙoshi, Tiyo."

"Tun yaushe kike ƙoshi a gidan nan?"

Ta tsaya a bakin ƙofa da ledar a hannu. Ya dubi ledar, furannin rigar suna nunawa ta ciki. Ƙafarsa ta tsaya.

"Tiyo, gobe bayan coci Kapitana za ta tara mutane a zauren unguwa. Ina so ka zo."

"In zo in yi me?"

"Litinin za a kai yarinyar nan kotu."

Ya ci gaba da goge daɓensa, wuri ɗaya, gaba da baya. "Hannunki na hagu wa ya ɗora shi da kika faɗo daga bishiyar gwaiba?"

"Kai ne."

"To. Ki ja min ƙofa, sauro na shigowa."

* * *

Zauren ya cika har waje. Sajan yana gaba kusa da Kapitana, Koring da jama'arta sun kama benci na farko, Tikboy ya jingina da taga, Pronyo yana can gefe da waya a hannu, Consing tana kallo ta ciki daga Norway. Petang ta leƙa ko'ina ba ta ga Tiyo ba. Sai da ta miƙe za ta fara magana ya shigo da farar rigarsa ta coci, mutane suka matsa masa, ya zauna a baya.

"Ni ba 'yar sanda ba ce," ta ce. "Tambaya uku aikina yake yi wa duk wanda ya faɗo daga abu mai taya. Yana tafiya ko yana tsaye? A ina? Me mutumin yake yi? Ta farko jikin Lola ya amsa, keken ma ya amsa. Ba ƙujewa, ba lanƙwasa, Nang Koring da ke ƙofar wurin ba ta ji ƙara ba. Keken nan bai gangaro ba. Ajiye shi aka yi."

"Ajiye shi?" Koring ta ce. "To ita ta ɗauko ta ajiye mana!"

"Ita kaɗai, Nang? Ta sauko da tsohuwa mai karaya, ta shimfiɗa, ta koma wanki?" Petang ta zaro rigar ta ware. "Ga amsar ta biyu. Ki shinshina, ki miƙa baya."

Koring ta karɓa da yatsa biyu, ta kai hanci. Ta miƙa wa ta kusa da ita ba tare da ta dubi kowa ba. Haka rigar ta bi benci-benci, duk wanda ya shinshina sai ya yi tsit, don ba mai rai a zauren da ba a taɓa kwantar da shi kan daɓen nan an shafa masa man nan ba. Ba wanda ya waiga baya.

"Ta uku ban san amsarta ba," in ji Petang. "Mutum biyu ne suka sani."

"Pronyo!" muryar Consing ta fito daga waya. "Me ake cewa? Juyo da ni in gani!"

Tiyo Busyo ya miƙe. "Tsayuwa take yi," ya ce. "Ga amsarki. Laraba uku ke nan Pronyo yana kawo min ita in yarinyar ta tafi wanki. Makon jiya ta tsaya da ƙafarta har na ƙirga biyar, Insiang ta yi dariya, shekara biyu ba a ji dariyarta ba. Wannan Larabar ta kai bakwai. Da za ta koma ta zauna, keken ya zame, ba a danne birki ba. Ni ma ban duba ba. Na ji ƙarar ƙashin, na san ya fi ƙarfina."

Pronyo ya fashe da kuka. "Manang ta ce in na sake kai ta wurin mai ɗori za ta ɗauke ta ta kai gidan tsofaffi a birni! Ta rantse! Kuma za a kama Tiyo. Cewa na yi mu ajiye ta a hanya, a ce keke ne ya zame. Minti biyar ne kawai, na zagaya ta baya ina jiran wani ya gani..."

"Cikin zafin ranar nan?" Tikboy ya ce daga taga. "Kan simintin nan? Uwarka?"

"Da aka kama Johaira fa?" Petang ta tambaya. Ba Pronyo take kallo ba.

"Na ce za su sake ta," in ji tsohon. "Na ce ba su da shaida. Kullum sai in ce gobe." Ya dubi Sajan. "Ba sai ka riƙe ni ba, na san hanya."

Ya bi ta tsakiyar zauren. Da ya zo daidai Petang ta kai hannu za ta kama nasa ta ɗora a goshi, yadda ake gaida manya. Ya wuce da hannayensa a baya. Wata tsohuwa a benci na uku ta ce, ba ta ko rage murya ba, "Ya ci da ke, ya sha da ke. Allah ya kiyaye mu da irin wannan ilimi."

* * *

Litinin da safe Likita Alcoseba ya soke layi ɗaya ya rubuta wani, ya sa hannu. Petang ta sa lambar faɗuwa daga keken guragu yana tsaye, a cikin gida, ba da gangan ba. Ta kai takardar ofishin 'yan sanda da kanta, ta zauna a waje har aka fito da Johaira wajen sha ɗaya. Ba kowa daga Lubihan.

Yarinyar ta tsaya tana ƙifta ido a hasken rana, 'yar ledar kayanta a hannu.

"Lola fa?"

"An yi mata aiki. Ta farfaɗo, tana ta waige-waige."

"Wa ke juya ta? In ta wuce awa biyu a gefe ɗaya bayanta yana ciwo."

"Nas-nas suna yi." Petang ta matso kusa da ita. "Pronyo ne da Tiyo Busyo. A gidan Tiyo ta faɗi."

"Na sani, Nang."

"Kin sani?"

"Na fito shanya na hango Nong Pronyo yana gangarawa da ita. Makon jiya ma na gani, ban hana ba, don in ta dawo tana cin abinci sosai. Na gaya wa Sajan tun ranar Laraba. Ya ce Tiyo Busyo ne ya ɗora masa ƙafa, in iya bakina. Bai ma rubuta ba."

"To ni da na zo har nan, na ce ki faɗa min, me ya hana ki?"

Johaira ta mayar da ledar ɗaya hannun. Ba ta ɗaga murya ba.

"Ke 'yarsa ce. Na ɗauka aiko ki aka yi ki ji iya abin da na sani."

Petang ta so ta ji haushi, sai ta tuna yadda ta zauna kan bokiti tana fatan da ba ta buɗe ledar ba, haushin ya ƙi zuwa.

"Ina za ki yanzu?" ta tambaya daga baya.

"Asibiti tukuna, in gan ta. Daga nan tashar jirgin ruwa."

"Consing ta ce ki dawo aiki. Ta ce a ba ki haƙuri."

"Ta gode." Johaira ta ɗaga hannu ta tsayar da ɗan acaba, ta gyara mayafinta ta hau. "Ki gaya wa nas-nas ba ta son ruwan sanyi, Nang. Kuma sai an yi mata ihu take ji."